Wa zai biya ƙafar yaron nan?

Baban Ummi: Salamu alaikum jama'a, raina a ɓace yake. Ƙanena yana sauke kaya a gar, wato tashar jirgin ƙasa, ta Ngaundere, ƙarƙashin wani ɗan kwangila. Shef ɗinsu, mai kula da aikinsu, ya tura su tsakanin taragu biyu, bai duba birki ba, bai sa waigi ba. Tarago ya gangaro ya matse masa ƙafa, ga shi can kwance an sa masa ƙarfe. Wai patron, wato ɗan kwangilar, ya ce laifin shef ne, mu nemi shef. Shef ɗin da ko babur ba shi da shi! Ni na ce kamfani ne zai biya, ai ma'aikacinsu ne.

Kawu Mai Ritaya: Allah ya ba shi lafiya. Gaskiyarka ɗana. Sashe na 1384 na dokar farar hula ta Kamaru ya ɗora wa ubangida ɓarnar da yaronsa ya yi a bakin aiki. Ga kuma dokar 1977 ta hatsarin aiki: patron ya sanar da CNPS, hukumar inshorar ma'aikata, cikin kwana 3 na aiki. Ya sanar? Ko a Amurka tun 1908 aka hana kamfanonin jirgin ƙasa fakewa da cewa abokin aiki ne ya jawo.

Ɗan Garwa: Ma'aikaci kuma? Yaya, mu faɗi gaskiya, ɗan dako ne. Ma'aikaci shi ne mai albashin wata da lambar CNPS.

Baban Ummi: Kai wa kake kira ɗan dako? Yana da rigar aiki, ana kiran sunansa kowace safiya.

Ɗan Garwa: Riga ba takarda ba ce.

Hajiya Inna: To dako sata ce? Da dako ubanmu ya aurar da mu duka. Buhun da kuke ci a Garwa wa ya ɗora shi a mota?

Ɗan Garwa: Hajiya, ban zagi kowa ba. Amma 'yan Ngaundere kun cika jin kai, don dai layin dogo ya tsaya muku a ƙofar gida tun 1974.

Bappa na Injamena: Ku dai kuna da jirgin da za ku yi faɗa a kai. Mu a Cadi ko taku ɗaya na dogo babu, kayanmu sai su kwana a gar taku ana ta ja mana rai.

Direban Tirela: Bappa, kar ka fara. Jan ran yana Kusiri a bakin iyakarku, ba nan ba.

Kawu Mai Ritaya: Yara, ƙafar mutum muke magana. Ko kullum ake biyansa, in dai wani ke ba shi umarni yana biyansa, doka ma'aikaci take kiransa. Ku je wurin sufeton ƙwadago.

Malam Ƙarami: Duk wannan surutu, ƙaddara ce. Hatsarin jirgin ƙasa na Eseka fa, 2016, mutum 79 suka mutu a lissafin hukuma, wa ya dawo da su?

Hajiya Inna: Malam, ai an je kotu a kan Eseka. Ƙaddara ba ta hana ɗaure birki.

Ɗan Garwa: Ni dai ina kan bakata, ɗan dako ne.

Baban Ummi: Zo unguwar Baladji ka maimaita.

Alhaji Admin: Ya isa haka. Na karanta duka, abin da na fahimta shi ne yawancinmu mun yarda yaron ba cikakken ma'aikaci ba ne, kuma sulhu ya fi. Mu da muke riƙe da yara a wurin aiki mun san patron ba zai tsaya kan kowane tarago ba. Kawu ya kawo lambobi, mun gode, amma kotu cin kuɗi ce kawai. A tara wa yaron abin magani, Baban Ummi ya janye maganar Baladji. Na rufe sharhi.