Hasumiyar da za ta riƙe lokacin daula guda: yaya za ta yi aiki?

Mai_Alƙalami:
Assalamu alaikum. Ina rubuta ƙagaggen labari a kan wata tsohuwar daula wadda ba ta taɓa wanzuwa ba, mai faɗin da mahayin doki zai yi wata biyu kafin ya ratsa ta daga gabas zuwa yamma. Sarkinta ya sa an gina wata katafariyar hasumiya a tsakiyar babban birni, domin kada wani lardi ya ƙidaya lokaci sai yadda hasumiyar ta ƙidaya. Ba na son in shigo da tsafi ko aljanu, kuma mutanen ba su san lantarki ba. Ta wace hanya gini ɗaya zai daidaita lokacin ƙasa mai wannan faɗi, har mai karatu ya gamsu?

Ɗalibin_Falaki:
Wa alaikumus salam, Malama. Da farko sai ki raba abu biyu, wato sa'o'in yini da ƙidayar kwanakin shekara, domin hasumiyarki za ta iya mallakar na biyun, amma na farkon zai gagare ta. Duniya tana juya digiri 15 a kowace awa, saboda haka duk digiri ɗaya da aka matsa yamma, zawali yana jinkirta da minti 4. A daula mai faɗin da kika ambata, rana za ta take tsaka a iyakar gabas fiye da awa guda kafin ta take a iyakar yamma, kuma manomin da ke kallon inuwarsa ba zai yarda da shelar fada ba. Ko a Ingila, sai da jirgin ƙasa ya zo a ƙarni na 19 kafin garuruwa su bar lokacinsu su bi na Landan, ga shi kuwa bambancin lokacin garin Bristol da na Landan minti 10 ne kacal.

Ƙidayar shekara kuwa gini yana iya ta sosai. A Gaocheng ta ƙasar Sin, a zamanin sarkin Mongol Kublai Khan, masanin taurari Guo Shoujing ya yi aiki da hasumiyar da inuwarta ke sauka a kan shimfiɗaɗɗen ma'aunin dutse mai tsawon fiye da mita 30. Da irin wannan awo aka fitar da kalandar shekarar 1281, wadda ta ƙiyasta tsawon shekara da kwana 365.2425. Ki ba sarkinki irin wannan, ya zama shi kaɗai ke faɗin ranar da shekara ta kama, da ranar shuka, da ranar biyan haraji.

Tsohon_Malamin_Tarihi:
Na yarda da ɗan'uwa, sai dai ina ganin ya yi saurin yanke ƙauna game da sa'o'i. A ƙarni na 9, Rumawan Gabas sun jera wuraren kunna wuta a kan duwatsu, tun daga iyakarsu da daular Abbasiyya har zuwa babban birninsu Kustantiniyya (Istanbul ta yau), tafiyar fiye da kilomita 700. An ajiye agogon ruwa (mai auna lokaci da zubar ruwa) iri ɗaya a kowane ƙarshen layin, kuma sa'ar da aka kunna wutar farko ita ce ke nuna irin saƙon da ake nufi. Ke sai ki juya tsarin: hasumiyar ta kunna wuta a wata ƙayyadaddiyar sa'a ta dare, duwatsu su miƙa wa juna, kowane hakimi ya gyara agogon ruwansa da zarar ya hango hasken. Hazo ko ruwan sama zai riƙa yanke layin, amma wannan ai riba ce ga mai labari.

Hajiya_Makaranciya:
Ni abin da ya fi jan hankalina shi ne masu kula da ginin, domin dutse ba ya yin shela da kansa. A tsohuwar Rum, manyan malaman addininsu ne ke da ikon ƙara wata a shekara, kuma sukan ƙara ko su ƙi ƙarawa domin tsawaita wa'adin mulkin wanda suke so ko gajarta na wanda ba sa so. Abin ya dagule har sai da Yuliyas Kaisar ya mai da shekarar 46 kafin haihuwar Annabi Isa (AS) kwana 445, kafin kalanda ta sake haɗuwa da yanayi. Bayansa sarki Agustus ya kafa wani dogon ginshiƙin dutse da aka ɗauko daga Masar, inuwarsa tana sauka a kan layin tagulla, amma bayan wasu shekaru awon ya daina dacewa. To, Malama, idan harsashin hasumiyarki ya ɗan nutse, inuwar ta fara ƙarya, wa zai iya tunkarar sarki da maganar?

Mai_Alƙalami:
Na gode ƙwarai, Allah ya ƙara basira. Zan haɗa ma'aunin inuwa da layin wuta, kuma tambayar Hajiya ta ba ni jarumin da nake nema: ƙaramin almajirin masu awo, wanda ya lura cewa inuwar ta kauce da faɗin yatsa, alhali manyansa sun daɗe da sani suna karɓar harajin kwanakin da babu su. Saura in san shekara nawa irin wannan kuskure zai ɗauka kafin manoma su gane shi a gonakinsu.