Kai baƙi kallon fitar jemagu a kwale-kwale da faɗuwar rana: zai yiwu a Sakkwato?

Bakin Rima ya rubuta:

Assalamu alaikum 'yan uwa. A Amurka akwai masu sana'ar ɗaukar baƙi a ƙananan kwale-kwalen roba da ake kira kayak, su kai su bakin kogo daf da faɗuwar rana, a tsaya bisa ruwa ana kallon jemagu na fitowa dubu-dubu. Ina son masana su bayyana yadda ake tsara wannan tafiya, da ko za ta yiwu a gulbin Rima ko tafkin Kware. Wane kaya ake buƙata, mutum nawa jagora ɗaya zai iya riƙewa, wane lokaci ya fi, kuma ina haɗarin yake?

Mai Nazarin Dabbobi ya amsa:

Wa alaikumus salam. Malam, kafin ka sayi ko filafili ɗaya, nemo jemagun tukuna. Wurin da ya fi shahara da abin da ka kwatanta shi ne kogon Nickajack a jihar Tennessee. Madatsar ruwan da aka kammala a 1967 ce ta cika bakin kogon da ruwa, shi ya sa kwale-kwale ke isa gabansa. Jemagu kusan 100,000 ke kwana a ciki daga ƙarshen Afrilu zuwa farkon Oktoba, kuma an katange bakin, ba mai shiga. A birnin Austin na jihar Texas kuwa ba kogo ba ne ma, gada ce. Gyaran da aka yi wa gadar Congress Avenue a 1980 ya bar 'yan tsagogi a ƙarƙashinta, jemagu suka mayar da su gida, har yawansu kan kai miliyan 1.5 a tsakiyar lokacin zafin can.

Misalin Austin ya fi kusa da mu. Ƙasarmu shimfiɗaɗɗiya ce, fadama da tudu, don haka abin da za ka nema shi ne gada, tsohon gini ko manyan itatuwa a bakin ruwa. Jemagun kuma iri biyu ne, kada ka haɗa su. Akwai ƙanana masu cin ƙwari, masu maƙalewa a tsagar kankare da cikin silin. Su ne ke fitowa a jere kamar hayaƙi, cikin minti 15 zuwa 30 bayan rana ta faɗi. Sai manya masu cin 'ya'yan itace, masu rataya a mangwaro, dogon yaro, giginya da ɓaure. Ɗaya daga cikin manyansu, mai launin kara, fukafukansa a buɗe sun kai santimita 80. Shi ne wanda ke taruwa miliyoyi a gandun Kasanka na Zambiya tsakanin Oktoba da Disamba, kuma shi ke cika itatuwan tsakiyar Accra da na jami'ar Ile-Ife. Matsalarsa ita ce ɗan ci-rani ne: yana bin damina ya hauro arewa, in 'ya'yan itace sun ƙare ya koma. Itacen da ya cika da su a Agusta kana iya tarar da shi wayam a Fabrairu.

Yadda za ka tantance wuri: da rana ka duba ƙarƙashin gadar ko itacen. Kashin masu cin ƙwari baƙi ne ƙanana kamar ƙwayar shinkafa, yana marmashewa ya zama gari. Na masu cin 'ya'yan itace jiƙaƙƙe ne, da 'ya'yan ɓaure a ciki da tuƙar da suka tauna suka tofar. In ka samu, ka tsaya a gaɓa maraice 14 a jere da agogo da littafi. Rubuta lokacin faɗuwar rana, lokacin da na farko ya fita, lokacin da fitar ta yi kauri, lokacin da ta tsaya, da ɓangaren da suka nufa. Ka maimaita a damina, da kaka, da ɗari. In duk abin bai wuce jemagu 50 masu fita ɗaiɗai ba, wannan ba abin karɓar kuɗin mutane ba ne.

Wurin tsayawa shi ne rabin aikin. Ka tsaya gabas da makwancinsu kana fuskantar yamma, don su gitta ta cikin jan sararin da rana ta bari. Wanda ya juya wa yamma baya ba abin da zai gani sai duhu. Ka bar tazarar mita 30 zuwa 50, kuma ta gefe, ba ƙarƙashin hanyarsu ba, don suna sauke kashi da fitsari da zarar sun tashi. Ba tocila mai farin haske a fuskar makwanci, ba walƙiyar kyamara, ba tafi ko buga jikin jirgi don a tashe su. Haske na sa su jinkirta fita, su yi asarar lokacin da ƙwari suka fi yawa, uwa mai ɗa kuma tana iya sakinsa in ta firgita. In damun ya yawaita sai su ƙaura gaba ɗaya, sana'ar ta bi su. Manoma ma suna da ruwa a ciki, don jemagu ne ke barbarar furen kuka, ɗorawa da rimi.

Basarke ya amsa:

Malam ya gama da jemagu, bari in yi ta ruwa. Ruwan ga ba na Amurka ba ne. Rima da Agusta zuwa Satumba ba wurin sabon hannu ba ne ko kaɗan, balle in anka saki ruwa daga madatsar Goronyo. Wanda ya ga ambaliyar 2010 da ta yanke hanyar jami'ar Ɗanfodiyo ya san abin da nike nuhi. Ƙarƙashin gada kuwa nan ruwa ya fi muni: shina matsewa tsakanin ginshiƙai, shi yi sauri, shi yi juyi a bayansu, ga itace da tarun masunta da sunka maƙale. Kwale-kwalen da ya bugi ginshiƙi a karkace ruwa na danne shi, mutum biyu ba su ɓamɓaro shi. In gada ce makwancin, ku tsaya can ƙasa da ita inda ruwa ya kwanta, kada ku tsaya sama da ita ruwa ya ja ku ciki. Daga Nuwamba ruwa ya lafa, amma iskar ɗari na ture ƙaramin jirgi, hazo kuma shina cinye jan yamman da Malam ke magana. Ga baƙo, tafki ya hi gulbi.

Batun kaya. In kayak za ka saya, ɗauki irin wanda ake zama bisa, mai ramukan da ruwa ke zurarewa da kansa, ba mai rami da mutum ke cusa ƙafa ciki ba. In ya kihe sai a birkito shi a hau. Mai mutum biyu, tsawon mita 3.5 zuwa 4, kan ɗauki kilo 200 zuwa 230. Karanta abin da anka rubuta jikinsa, kada ka wuce kashi uku cikin huɗu. Robar ba ta son rana, ga zahin Afrilu da ke wuce 40, don haka ka aje shi kihe cikin inuwa, in ba haka ba gindin shi lotsa. Na hurawa kuwa iskar ciki na kumbura da zahi ta ɓarke ɗinki, ƙaya da ƙugiya ma ba su raga mishi.

Ni a ganina ma, ka fara da kwale-kwalen katako na gida da gwanin matuƙi, baƙi 6 a jirgin da ke ɗaukar 10. Mahi yawan mutanenmu ba su iya iyo ba, ga babbar riga da hijabi masu shan ruwa su yi nauyi. In ko kayak ɗin ne dole, jagora ɗaya gaba, ɗaya baya, jirage kada su wuce 5, kuma a yi minti 20 a gaɓa ana koya musu riƙon filafili, tsayawa da juyawa. Sabon hannu ba ya wuce kilomita 3 a awa, kenan makwancin kada ya hi mita 500 daga mashiga.

Kowa da rigar ruwa daidai jikinsa, ɗaure. Gwajinta: kama kafaɗun rigar ka ja sama, in ta kai kunne ta yi yawa. Kowace riga da usur. Jagora shi riƙe igiyar jehi mai mita 15 zuwa 20, igiyar ja, wuƙa saboda taru, ƙwaryar kwalhe ruwa, hitila fara wadda za a kunna in wani jirgi ya tunkaro, da waya cikin leda mai rufi. Mutum ɗaya shi tsaya gaɓa da sunayen kowa. Kuma kada ka sa jirgi ruwa ba ka gaida Sarkin Ruwa da hakimin wurin ba. Su sunka san inda anka kafa taru, inda kada ke kwana, da hanyar da ba a bi da yamma saboda halin tsaro.

Malamar Asibiti ta amsa:

Ƙari kan lafiya, a taƙaice. Kallo daga nesa ba ya kawo cuta, taɓawa da shiga makwanci ne ke kawowa. Tsohon kashin jemage a rufaffen wuri yana ɗauke da wani naman gwari da ke kama huhu in an shaƙi ƙurarsa. Cutar Marburg kuma, wani mugun zazzaɓi mai sa zubar jini, an same ta a baƙin da suka shiga wani kogon jemagu a Yuganda a 2007 da 2008, ɗaya ta rasu. Saboda haka ko da an sami kogo, a tsaya waje.

Jemagen da aka gani a ƙasa ko yana yawo bisa ruwa, kada a ɗauka da hannu, yara musamman. In ya ciji mutum ko ya yakushe shi, ko da ba a ga jini ba, a wanke wurin da sabulu da ruwa mai gudu minti 15, a je asibiti a ranar don allurar haukan kare. Haƙorin ƙaramin jemage bai cika barin tabo ba, kuma in alamun cutar suka bayyana an makara.

Amma gaskiya abin da ya fi kusa da baƙinka sauro ne da tsargiya. Lokacin fitar jemagu shi ne lokacin fitar sauro, sai dogon hannu da man shafawa. Tsargiya kuwa ta fata take shiga a ruwa mai kwanciya da ciyawa, don haka a yi mashiga da katako yadda za a hau jirgi ba a taka ruwa ba, kuma kada a yi alwala da ruwan tafkin.

Bakin Rima ya sake rubutawa:

Na gode ƙwarai, Allah Ya saka. Saura abu ɗaya: jemagun na fitowa ne daidai kiran sallar Magariba. Yaya za a haɗa?

Basarke ya amsa:

Nan ne gizo ke saƙa, kuma ba sallar kaɗai ba. Hukumar NIWA, mai kula da hanyoyin ruwa na cikin ƙasa, ta hana tahiyar dare bisa ruwa, kuma ta wajabta rigar ruwa, saboda yawan kihewar jirage. Ka je ohishinsu ka ji ƙarhe nawa dokar ke fara aiki kahin ka tallata komi. Ga shi a Sakkwato rana na faɗuwa wajen 6:15 a Disamba, ta kai bayan 7:00 a Yuni da Yuli, kuma tsakaninta da duhu minti 20 zuwa 25 ne kacal. Magariba kuwa a mashhurin zancen Malikiyya lokacinta ƙuntatacce ne.

Mahita ita ce a juya tsarin: yawon ruwa kahin faɗuwar rana, kallon jemagu daga gaɓa. A taru bayan La'asar, saura awa biyu rana ta faɗi. Minti 30 na riguna da koyarwa, awa ɗaya bisa ruwa ana kallon tsuntsaye da masunta, a zagayo ta gaban makwancin a nuna wa baƙi. Saura minti 20, kowane jirgi ya hito, a ƙirga mutane da suna. A shimfiɗa tabarmi a gaɓar gabas da makwancin, da jarkar ruwan alwala lita 25 daga gida. Ana kira a yi salla, minti 10 ta wadatar, ana sallamewa ƙananan jemagun na fara zubowa.

Mai Nazarin Dabbobi ya ƙara:

Tsarin ya yi daidai ga masu cin ƙwari. Manyan kuwa sukan fara hayaniya da shawagi bisa itace tun rana na ja, don haka su ana iya ganin farkon tashinsu daga cikin jirgi a hanyar komawa. Littafin maraice 14 ɗin nan shi zai gaya maka wanne kake da shi. Ka kuma faɗa wa baƙo tun kafin ya biya cewa ranar da hadari ya taso daga gabas ko iska ta yi ƙarfi ba a shiga ruwa, jemagun ma kan makara ko su fito kaɗan. A rubuta a takardar biya ko za a mayar da kuɗi ko a sake rana.