Tambaya ga masana doka: ɗinkin tutar Najeriya yana da ƙa'ida ne ko kowa da awonsa?

Tela_Fagge:

Assalamu alaikum jama'ar wannan zaure. Dan Allah masu ilimin doka ku taimaka min. Ni tela ne a Kano, wata makarantar kuɗi ce ta kawo min aikin tutoci saboda bikin 1 ga Oktoba, manya na sanda da kuma ƙanana waɗanda yara za su riƙe a fareti, toh mai makarantar yana so in sa tambarin Najeriya a tsakiyar farin, a ƙasa kuma a buga sunan makaranta da lambar waya. Ni kuma tunda aka kama teloli a garin nan lokacin zanga-zangar 2024 kan tutar Rasha wlh duk aikin da ya shafi tuta gabana faɗuwa yake. Akwai doka ne a kan awo da kala? Ya halatta a yi rubutu a jikinta? Sannan samari suna yawan zuwa a ɗinka musu ta Falasɗinu ko ta Saudiyya, ita ma laifi ce? Na gode.

Barista_Zazzau:

Wa alaikumus salam malam tela. Doka kam akwai, kuma tsohuwa ce, sa'ar ƙasar ce ma, dokar tuta da tambarin ƙasa ta 1960, wadda a kundin dokokin tarayya na 2004 take a babi na F30. Banda ita, sashe na 24 na tsarin mulkin 1999 ya lissafa girmama tuta da taken ƙasa da alƙawarin ƙasa cikin wajiban kowane ɗan Najeriya, sai dai shi wannan sashen yana cikin babi na biyu ne, babin da ba a kai ƙara kotu a kansa kai tsaye, don haka hukunci na gaske a waccan dokar ta 1960 yake.

Awo dai mai sauƙi ne: tsawonta ninki biyu ne na faɗinta, kuma gida uku ne daidai wa daida a tsaye, kore fari kore. Da yarenku na teloli, in ka yanka inci 36 a tsaye toh kwance 72 ne, kowane ƙyalle 24 kenan banda abin da za ka bari na kalmasa. Irin waɗanda ake tallarsu a gosulo da farin ya fi koren faɗi, ko koren ya koma ruwan ganyen latas, duk ba su cika ƙa'ida ba.

Maganar tambari da sunan makaranta kuma, shawarata kar ka sa. Tutar ƙasa ta kowa da kowa ba komai a tsakiyarta, mai tambarin da kake gani ta hukuma ce. Dokar ta hana amfani da tuta ko tambarin ƙasa wajen harkar kasuwanci ko sana'a ba tare da izinin minista ba, kuma ta ce laifi ne mutum ya kafa tutar da aka ɓata mata fuska ko ta lalace. Lambar waya a jikin tuta ai talla ce ƙarara. Ka ce wa mai makarantar ya yi tutar makarantarsa daban da launinta da bajonta ya rubuta duk abin da yake so, a kafa ta a wata sandar, kar dai ta ɗara ta ƙasa tsayi.

Yanzu ga inda za ka yi dariya. Hukuncin duk wannan tarar naira 100 ce, in kuma mutum ya ci gaba bayan kotu ta same shi da laifi sai a riƙa ƙara masa naira 10 kullum. Babu ɗauri a ciki. A zamanin da aka yanka kuɗin suna da nauyi, yau ko kuɗin adaidaita sahu daga Fagge zuwa Sabon Gari ba su kai ba.

Dan_Kurna:

Barista in dai naira 100 ce toh yaya akai yaran nan da aka kama lokacin zanga-zangar 2024 suka yi wata uku a tsare? Da idonmu muka gani a bidiyo ranar 1 ga Nuwamba 2024 a babbar kotun tarayya Abuja, yara duk sun rame ƙashin wuya a waje wasu suna faɗuwa a gaban alƙali, aka ce belin kowanne naira miliyan 10, yaron da ubansa ko miliyan ɗaya bai taɓa riƙewa ba. Ku dai lauyoyi kuna karanta takarda ne kawai, mu a unguwa mun san doka ita ce abin da mai bindiga ya ce ranar da ya zo. Malam tela ka ɗinka kore da fari ka karɓi kuɗinka, duk wanda ya zo da wata kala ka ce keke ya lalace.

Barista_Zazzau:

Dan_Kurna ai maganarka ba ta saɓa da tawa ba, abu biyu ne kake haɗawa. Waɗancan yaran ba da dokar tuta aka gurfanar da su ba, tuhumar cin amanar ƙasa da tada zaune tsaye aka yi musu, wato an ɗauki ɗaga tutar Rasha a matsayin kiran wata ƙasa ko sojoji su kifar da gwamnati. Babban hafsan tsaro na lokacin Janar Christopher Musa shi ya fito bayan taro da shugaban ƙasa ya ce ɗaga tutar wata ƙasa cin amana ne, ofishin jakadancin Rasha kuma ya ce ba ruwansa. Lauyoyi da yawa sun ce tuhumar ta wuce gona da iri, ni ma ra'ayina kenan, kuma ƙarshenta ai ba a kai ga hukunci ba, da surutu ya yi yawa Tinubu ya ba da umarni a sake su, aka janye ƙarar, Kashim Shettima ya karɓe su a fadar gwamnati aka miƙa su ga gwamnoninsu.

Abin da ita dokar 1960 ta damu da shi game da tutar waje shi ne kafa ta a bainar jama'a, ana so ta Najeriya ta kasance tare da ita kuma kar baƙuwar ta fi ta girma ko tsayi, ofisoshin jakadanci ne ke da nasu hurumin. Ɗinkin kansa ba shi ta hana ba, ai otal-otal da masu taron ƙasa da ƙasa wani ne ke ɗinka musu. Amma ba zan ce maka ka rufe ido ka karɓi kowane aiki ba malam tela, wanda ya zo ana tsakiyar hayaniya a gari yana son tuta ɗari ta wata ƙasa cikin dare ɗaya kuma ba ya cinikin farashi, ka tambaye shi ta mece ce, ka rubuta a littafinka wa ya kawo.

Ka kuma tuna a 2024 ɗin ne kakakin majalisar wakilai Tajudeen Abbas ya kawo wani ƙudiri mai ɗauke da tarar naira miliyan 5 ko ɗaurin shekara 10 ga wanda ya lalata alamomin ƙasa ko ya ƙi rera take, mutane suka yi caa a kansa ya janye. Kaga daga naira 100 an so a yi tsalle zuwa miliyan 5, tsakiyar ce har yau ba wanda ya zauna ya nemo.

Hajiya_Shugabar_Makaranta:

Sannunku da ƙoƙari. Ni abin da ke ci min tuwo a ƙwarya ba teloli ba ne, ofisoshin gwamnati ne. Ku zaga sakatariyar ƙaramar hukuma ko ofishin ƴan sanda na unguwa ko wata firamaren gwamnati ku ɗaga kai, za ku ga tsumma ne a sama, koren ya koɗe ya koma ruwan toka farin ya zama ruwan ƙasa bakin duk ya zare, damina da rani tana nan ba mai sauke ta. In da ana karɓar naira 10 ɗin nan ta kullum da gwamnati ce za ta fi kowa bashi.

Mu yadda aka koya mana a kwalejin horon malamai, kuma hukumar wayar da kai ta NOA har yanzu shi take faɗa, da safe ake ɗaga ta a sauke da yamma, ba a barinta ta taɓa ƙasa, ba a shimfiɗa ta a tebur a ɗora kofin shayi, in ta tsufa a sauke a ƙona ta a keɓe cikin mutunci, ba a yi tsumman goge allo da ita ba. Saukewa rabin sanda kuma ba ra'ayin hedimasta ba ne, sai gwamnati ta sanar, kamar makokin kwana bakwai da aka yi bayan rasuwar Buhari a Yulin 2025. Kuma yadda ake yi sai an kai ta can ƙololuwa tukunna a dawo da ita tsakiya, da yawa masu gadi daga ƙasa suke tsayar da ita a rabi.

Malam tela roƙona ɗaya, ka sa yadi mai kauri ka ninka ɗinkin bakin da iska ke kaɗawa sau biyu ko uku, daga nan take fara yagewa. Wannan yadin mai santsi na leda wata biyu rana ke cinye shi.

Baba_Tsohon_Soja:

Hajiya Allah ya saka da alheri, kin faɗi abin da ke raina. A bariki in aka busa bigila za a sauke tuta da yamma, ko me kake yi tsayawa za ka yi cak har a gama, ko kofur ko kanar. Ba tsoron tara ba ne ya sa, ita ce ake lulluɓa wa akwatin abokinka in ya faɗi a daji.

Yaran yanzu ku san wanda ya zana ta ma. Sunansa Michael Taiwo Akinkunmi, mutumin Ibadan, yana ɗalibi a Landan ya ga sanarwar gasa a jarida ya aiko da zanensa, a 1959 aka zaɓi nasa aka ba shi fam 100. A zanensa na asali akwai jar rana mai haskoki a tsakiyar farin, alƙalan gasar suka cire ta suka bar kore da fari zalla, koren noma da albarkar ƙasa farin kuma zaman lafiya. Toh kaga malam tela, wanda ya ƙirƙire ta ma an hana shi sa ado a tsakiya balle mai makarantarku da lambar wayarsa. Daren 1 ga Oktoba 1960 aka sauke ta Ingila aka ɗaga ta a filin sukuwa na Legas, wanda yanzu ake kira dandalin Tafawa Balewa. Shi kuwa bawan Allahn nan ya koma aikin gwamnati ya yi ritaya aka manta da shi shekara da shekaru, sai 2014 Jonathan ya ba shi lambar girma ta OFR. Ya rasu a Agustan 2023 yana da shekara 87, gawarsa ta kai shekara guda ana jiran jana'izar da hukuma ta yi alkawari kafin a binne shi.

Dan_Maradi:

Salamu alaikum ƴan uwa na Najeriya, ku bari mu ma na ƙetaren iyaka mu sa baki. Mu nan tamu tun 23 ga Nuwamba 1959 aka tsaida ta, kafin ma samun ƴanci na 3 ga Agusta 1960, kuma kundin tsarin mulkin 2010 a sashensa na farko ya zayyana ta ƙarara, gida uku a kwance daidai da juna, ruwan goro a sama fari a tsakiya tsanwa a ƙasa, da ƙwallon ruwan goro a tsakiyar farin. A lakwal da safe sai an jera an ɗaga ta kafin a shiga aji.

Abin da ya ban mamaki da labarinku na Kano shi ne, bayan juyin mulkin 26 ga Yuli 2023 a Yamai teloli sun yi ta ɗinka tutar Rasha a fili ana saye ana yawo da ita a gangami har ƴan jarida na zuwa shago suna ɗaukarsu hoto, ciniki ne kawai ya buɗe musu. Shekara guda bayan nan ƙyallen nan dai guda, fari shuɗi ja, ya kai ƴan uwanmu na Kano hannun DSS. Da a lokacin nan wani ya fito da ta Faransa a Yamai shi ne zai kwana a hannu. Yanzu kuma tun 2025 ga ta ƙawancen ƙasashen Sahel, wato AES, da ake kafawa kusa da tamu a ma'aikatu, mu da Mali da Burkina Faso, teloli sun sake samun aiki.

Hajiya_Shugabar_Makaranta:

Af, na manta da tambayarsa ta Saudiyya. Malam tela wannan kam ko doka ba ta hana ba ni ina ganin ka yi hattara, saboda kalmar shahada ce a jikinta. Su kansu Saudiyyan shi ya sa ba sa sauke ta rabin sanda ko sarki ne ya rasu, kuma tasu ta hukuma fuska biyu ake yi mata yadda ta kowane ɓangare rubutun zai karantu daidai daga dama zuwa hagu, ba ya juye ba. Yaro ya ɗaura ta a bayan babur ranar hawan sallah, da yamma ta faɗi a kwata ana takawa, alhakin har da wanda ya ɗinka. Ta Falasɗinu ba rubutu a jikinta, baƙi fari kore a kwance da jan kusurwa uku ta wajen sanda, sai dai ka kula kar ka juya ta, baƙin ne a sama. In ka sa ja a sama da koren kusurwa ta Sudan ka ɗinka masa.