Masu Esperanto a zauren nan, ta ina zan fara?

Ummi: Assalamu alaikum 'yan zaure. Jiya ina dube-dube a Duolingo ina neman Faransanci sai na ci karo da wani yare mai koriyar tuta da tauraro wai shi Esperanto, na ce to wannan kuma wace ƙasa ce, na duba taswira har na gaji ban ganta ba. Na ɗan taɓa darasi uku kuma wallahi ya yi min daɗi. Akwai wanda ya san shi? Da me zan fara, kuma ba ɓata data ba ne?

Malam Habu: Wa alaikumus salam 'yata. Ba za ki gan ta a taswira ba ai, ba shi da ƙasa, mutum ɗaya ne ya zauna ya ƙirƙire shi. Wani likitan ido ne Bayahude, Zamenhof, an haife shi 1859 a garin Biyalistok, yanzu yana Poland amma a lokacin ƙarƙashin sarkin Rasha yake. Garin cakuɗe yake, ga Yahudawa ga 'yan Poland ga Rashawa ga Jamusawa, kowa da yarensa kowa na hararar kowa, shi kuma tun yana yaro ya sa a ransa cewa rashin jin maganar juna ne ke hura wutar. A 1887 ya buga ɗan littafinsa na farko a Warso, bai sa sunansa ba sai ya sa Doktoro Esperanto, wato likita mai fata. Laƙabin ne ya bi yaren har yau.

Garba Mai Waya: To Malam shekara sama da 130 kenan, faɗan ya ƙare? Ni dai shawarata Ummi ki koma kan Faransancinki ko ki kama Larabci, ko Sinanci ma tunda su ke kawo mana kaya. Wa zai ɗauke ki aiki da Esperanto fisabilillahi

Malam Habu: Bai ƙare ba Garba, shi kansa gidan mai yaren bai tsira ba. 'Ya'yansa uku, Adam da Zofiya da Lidiya, duk 'yan Nazi suka kashe su a yaƙin duniya na biyu. A Rasha ma zamanin Stalin an kame masu yaren da yawa da sunan 'yan leƙen asiri ne saboda suna musayar wasiƙa da ƙasashen waje. Maganar aiki kuwa gaskiyarka, ban ce a nemi abinci da shi ba.

Sa'adu na Maraɗi: Ummi kar Garba ya kashe miki gwiwa. Ni shekara biyu ke nan ina yi. Duolingo ba laifi don sabo amma ba ya bayani, maimaitawa kawai zai ta sa ki, kuma ta Turanci ake bi. Ki haɗa da lernu.net, kyauta ne, akwai nahawu akwai ƙamus, ni da Faransanci na bi shi. Mu da muka yi lakwal abin ya zo mana da sauƙi don yawancin kalmomin daga dangin Latin aka ɗebo, sai ɗan Jamusanci da Turanci nan da can.

Ummi: Na gode Yaya Sa'adu. Amma da gaske ne wai ƙa'idojinsa 16 kacal?

Sa'adu na Maraɗi: 16 ne a littafin farko, amma kar ki yarda da masu cewa sati biyu kin gama, ƙarya ne. Abin da yake gaskiya shi ne ba ya yaudara. Duk suna da o yake ƙarewa, sifa da a, jam'i ki ƙara j. Aikatau kuma as yanzu, is da, os nan gaba, ko ni ko ke ko su duk ɗaya. Mi lernas ina koyo, mi lernis na koya, mi lernos zan koya. Wanda ya sha bulala kan konjigezon na Faransanci a firamare shi ya san darajar wannan

Anti Rabi: Bari in sa baki tunda Hausa nake koyarwa. Abin da ya kama ni da yaren nan ginin kalma ne, don sak abin da muke yi da ɗafin ma- a farkon kalma ne. Duba, karanta makaranta, su kuma lerni koyo, lernejo wurin koyo. Dafa madafa, kuiri kuirejo. Buɗe mabuɗi, su daga kullewa suka ɗauko, ŝlosi ŝlosilo. Rubuta marubuci, verki verkisto. Ranar da na gane ej wuri ne, il kayan aiki, ist mai sana'a, sai na ga kalmomi na ta buɗe min da kansu ba tare da na duba ƙamus ba. Sai kuma mal mai juya kalma, bona mai kyau malbona marar kyau, varma zafi malvarma sanyi. Shawarata Ummi ki samu ɗan littafin rubutu ki jera ƙananan ɗafe-ɗafen nan a shafi guda da Hausarsu a gefe, ya fi miki haddar kalma ɗari biyar.

Garba Mai Waya: Anti to ai kin ga mu ma muna da namu Esperanton, daga Kano har Agadas har zangon Kumasi har Sudan Hausa ake ciniki da ita kuma ba likitan da ya ƙera ta

Anti Rabi: Wannan kam ba musu ƙanena. Kuma in don adalci ne, yaren da aka ce na duniya ne ba kalmar Hausa ko Suwahili a gindinsa, duk Turai ce. Ni dai ya ba ni ƙawa a Burazil da wani dattijo a Japan da muke gaisawa, ba wanda yake jin kunyar kuskure don duk koyo muka yi.

Ummi: Yauwa haruffan nan masu hula fa? Wayata ba ta da su

Sa'adu na Maraɗi: Irin matsalarmu da ƙ da ɗ ce. Guda shida ne, ĉ ĝ ĥ ĵ ŝ ŭ. Ki ƙara Esperanto a Gboard, in kin ƙi kuma ki sa x a bayan harafin, cx gx sx, kowa zai gane. ĉ ita ce c tamu ta ciki, ŝ sh, ĝ j. Tarkon shi ne j ɗinsu y ce, jes ana cewa yes, c ɗinsu kuma kusan ts. Ni p da v suka wahalar da ni, na yi wata guda ina cewa fatro maimakon patro, wani ɗan Togo ya yi ta min dariya a kiran bidiyo.

Malam Habu: Togo kam suna da ƙarfi a harkar, da Benin da Burundi da Kongo. Taron matasa na duniya a Aneho ta Togo aka yi shi 2017, babban taron shekara kuma da aka fara tun 1905 a Faransa sai 2024 ya taka Afirka, a Arusha ta Tanzaniya. In kin ɗan yi nisa ki nemi Gerda malaperis na Claude Piron, labarin wata ce da ta ɓace, da kalmomi kaɗan yake farawa yana ƙarawa babi bayan babi. Da shi na fara karatu na gaske. Rediyon Sin ma na da sashen Esperanto in kina son jin yadda ake furtawa.

Ummi: Wai har akwai waɗanda aka haifa da shi?

Anti Rabi: Akwai, denaskuloj ake ce musu, galibi iyayen a taro suka haɗu kowa da yarensa sai Esperanto ya zama yaren gida. Ba su da yawa. Sannan akwai Pasporta Servo, jerin masu yaren da ke sauke baƙo kyauta a gidajensu, amma ke budurwa ce, wannan sai da shawarar gida.

Sa'adu na Maraɗi: Abu ɗaya zan gargaɗe ki, n ɗin da ake liƙa wa wanda aikin ya faɗa kansa. Hundo mordis viron kare ya ciji mutum, ki sauya wa n ɗin wuri mutum ne ya ciji kare. Har yau ina mantawa. In kuna so mu riƙa haɗuwa ran Asabar bayan la'asar, minti talatin, ba Hausa ba Faransanci. Masu Esperanto, wanda ya saki yarensu a taro ya koma nasa cewa suke yana krokodili, wato ya zama kada

Garba Mai Waya: To ku sa ni a ciki, ni ne kadan zaure. Yaya ake cewa nawa ne

Anti Rabi: Kiom kostas. Ka ga ɗan kasuwa

Ummi: Dankon duka! Asabar ƙarfe nawa Yaya Sa'adu, don sai biyar nake tashi daga islamiyya