Neman shawara: na sa wa Accent janti 16, sitiyari na rawa, ga tafiyar Madina a gabana

Baban Walid:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Don Allah ku yi haƙuri da tsawon rubutun, raina ne ba a kwance ba. Ina Jidda, wajen Gulail. Motata Hyundai Accent ce 2015, a hannun yayan matata na saye ta, biya kaɗan-kaɗan, sai bara na gama. Da ita nake kai yara makaranta, da ita nake zuwa aiki, ran Alhamis kuma in kai wa maiɗakina kulolin waina da miya Makka wajen masu saye. Hajiyata ta zo Umra daga Kano, wannan ne zuwanta na farko, shekara 7 rabon da in sa ta a ido. Tun tana gida na yi mata alkawari ni da kaina zan tuƙa ta zuwa Madina ziyara, ba zan sa ta a bas ba saboda ciwon gwiwa. Ƙanwata ma ta biyo ta, ga maiɗakina da yara biyu. Ran Laraba mai zuwa muka sa.

To tayoyina sun suɗe, sai ƙanin maiɗakina ya ce maimakon in sayi taya zalla, akwai wani a tashlihi, wato kasuwar kayan rusassun motoci, yana da janti (ƙarfen da ake ɗaura taya a kai) na alminiyam inci 16 har da tayoyinsu, masu kyau. Muka je, aka ɗaura, na biya riyal 1,100. Wallahi motar ta yi kyau. Amma tun daga ranar, da na wuce 90 sai sitiyari ya kama kakkarwa a hannuna, in kuma mutum uku suka zauna a baya muka hau kwanciyar hanya sai in ji ƙurrr daga baya. Fahas ɗina, wato gwajin lafiyar mota na hukuma, ma ya kusa. Me zan yi kafin Laraba?

Alhaji Direba:
Wa alaikumus salam. Ɗana kwantar da hankalinka, ba wani abu ba ne. Shekara 30 ina bin hanyar Makka da Madina, babu irin tayar da ban taka ba. Balansin ne kawai. Ka je banshar, wato shagon masu gyaran taya, su sa maka darma a janti, rawar za ta tafi. Gugar da kake ji kuma robar cikin madigadi ce, a ɗan yanke ta ko a lanƙwasa bakin ƙarfen, shi ke nan. Babbar taya ta fi ƙarama a doguwar tafiya, ta fi kama titi. Sannan ka rage iska kaɗan kafin ka kama hanya, don zafin kwalta yana kumbura taya.

Mai Banshar Hindawiyya:
Baban Walid, ba ka faɗi abin da ya fi muhimmanci ba. Wace lamba ce a jikin tayoyin da aka sa maka, kuma wace ce a takardar da ke manne a jikin ƙofar direba in ka buɗe? Ka kuma duba lambobi huɗu na ƙarshe bayan rubutun DOT a kowace taya. Tsofaffin jantinka suna ina?

Baban Walid:
Na fita na duba. A taya an rubuta 205/55 R16 91V. A ƙofa 175/70 R14. Lambobin DOT, biyu 1419, biyu 3720. Jantin yana da huji takwas amma noti huɗu aka ɗaura, mai kayan ya rantse min da Allah cewa daga kan Accent aka ciro su.

Mai Banshar Hindawiyya:
To ga inda matsalar take. 175 faɗin taya ne a milimita, 70 kuma tsayin gefenta ne, kashi 70 cikin ɗari na faɗin, 14 girman janti a inci. In ka lissafa, tayar da motarka ta zo da ita tsayinta daga ƙasa zuwa sama kusan milimita 601 ne. Wadda aka sa maka kusan 632. Ta ɗara da milimita 31, wato sama da kashi 5 cikin ɗari, ga ƙarin santimita 3 a faɗi. Mu a wajen aiki ba ma son bambancin ya wuce kashi 3. Shi ya sa take gugar jiki in an yi lodi. Accent irin taka tana ɗaukar 16, amma da taya 195/50 R16, wadda tsayinta ya zo daidai da na asali. Ita 205/55 ta manyanta ce irin su Corolla da Elantra.

Janti mai huji takwas kuwa ba na kamfani ba ne, na kasuwa ne da ake yi don ya hau mota iri biyu, 4x100 da 4x114.3, wato huji huɗu-huɗu amma faɗin da'irarsu a milimita ya bambanta. Taka 4x100 ce, shi ya sa notin ya shiga. Sai dai ramin tsakiyar irin waɗannan yakan zama 73.1, cibiyar ƙafar Accent kuma 54.1 ce. In ba a sa zoben da ke cike gibin ba, janti zai iya zama a karkace ko da an yi balansin sau goma. Ina kyautata zaton rawar daga nan take, ko kuma ɗaya ya lanƙwashe, kayan tashlihi galibi daga motar da ta yi haɗari suke fitowa.

Abin da ya fi tayar min da hankali shi ne 1419. Mako na 14 ne na shekarar 2019. Tayar ta haura shekara biyar, kuma ba ka san rana nawa ta sha a fili ba.

Alhaji Direba:
Yaran yanzu komai sai lissafi. Lokacin da muke ɗaukar alhazai a tsohuwar hanyar Badar wa ya san wani zobe? Ido muke sa wa taya, mu danna da yatsa, in zanenta da sauran zurfi mu kama hanya. Ni GMC ɗina na ƙara masa girman taya tun ranar da na saye shi, har na sayar ban ga komai ba. Masu banshar so suke kullum ka sayi sabuwa, a nan cinikinsu yake. Baban Walid ka ji maganata, riyal 40 ko 50 ta ishe ka.

Ɗan Sabil:
Ni dai maganar tashlihi ce ta taɓa min ciwo. Shekaranjiya waccan na sayi kwamfireson AC a wajen wani, ya ce garanti kwana uku. Kwana biyu ya yi ya mutu. Na koma, ya ce wai bakaniken da ya ɗaura ne ya ƙona shi. Na kawo bakaniken, suka yi ta musu da Larabci ina tsaye, ƙarshe riyal 450 ta tafi. Har yau da gilas a buɗe nake yawo cikin wannan zafin. Kuma da ka buɗe baki suka ji harshenka ba na nan ba ne, farashi ya canza. Allah ya isa kawai.

Maman Hanifa:
Ɗan Sabil Allah ya mayar da alheri. Ni abin da ke ƙona min rai mazanmu ba sa shawara da mu sai abu ya lalace. Maigidana haka ya kwashi kuɗin da muke tarawa na sabunta iƙamar yara ya sa wa mota fitilu da baƙin gilas, aka zo aka ce ya cire. Baban Walid, tsakani da Allah, Hajiya ta taso tun daga Kano, gwiwa ba lafiya, ka sa ta a tayar da ba ka yarda da ita ba, tafiyar sama da kilomita 400? Ga jirgin ƙasa na Haramain, daga Jidda zuwa Madina bai kai awa biyu ba, ga sanyi, ga wurin miƙe ƙafa.

Baban Walid:
Maman Hanifa na gode, amma ba don ado na saya ba. Tayoyin da ke kai sun riga sun mutu, dole ne in canza. Sababbi huɗu masu ɗan suna kuɗinsu ya kusa abin da na biya, ga shi nan na samu har da janti. Kowa ya samu wannan zai ɗauka. Jirgi kuma mu shida ne, zuwa da dawowa, ga kuɗin tasi a Madina zuwa Ƙuba da Uhudu. Kuma alkawari na yi mata. Tun ina yaro take cewa Allah ya nuna mata ranar da ɗanta zai kai ta wajen Manzon Allah (SAW). Mai banshar, tayoyin fa zanensu da zurfi sosai, ko tsagewa babu.

Mai Banshar Hindawiyya:
Zane ba ya nuna shekaru. Roba tana bushewa daga ciki, wayoyin cikinta su saki, ranar da za ta tashi ba ta sallama. Mu shida ka ce? Accent mazaunin mutum biyar ce. Ga kaya a but, ga ruwa, ga zafin rana, ga taya mai gugar jiki. Alhaji, da girmanka, maganar rage iska ba haka take ba. Tayar da iskarta ta yi ƙasa ita ce gefenta ke lanƙwasawa yana miƙewa a guje, ta ɗau zafi ta fashe. Iskar da aka rubuta a ƙofa ake sawa, da safe taya na sanyi, kuma ba a sace ta don an ga geji ya hau a tsakiyar tafiya. GMC kuma akwai fili a ƙarƙashinsa, ba a haɗa shi da ƙaramar mota.

Har yanzu ba ka ce min ina tsofaffin jantin suke ba. Kuma a juya sabon a duba bayansa, akwai lamba bayan ET. Duk raguwar 10 a wannan lambar, janti ya fito waje da santimita ɗaya. In ya fito da yawa, ko ka koma 195/50 zai iya ci gaba da taɓa bakin madigadi.

Alhaji Direba:
Ni za a koya wa iskar taya? Kafin a haife ka nake hawan dutsen Hada na hanyar Ɗa'ifa da lodi ina saukowa. Na binne abokan aiki a kan hanyar nan, na san abin da ke kashe mutane: barci ne da gudu, ba zobe ba. Ɗana, ka yi balansin, ka tashi bayan Asuba, kada ka wuce 100, ka tsaya a kowace awa ka huta, ka yi addu'ar tafiya. In wani abu ya faru da tayar ka zo ka same ni.

Abu Safwan Madina:
Maganar gudu ta tuna min. Baban Walid ka sani da wannan tayar allon gudunka ƙarya yake maka. In ya nuna 100, kana wajen 105, in ya nuna 120 kana 126. Saher, kyamarar kama masu gudu, kuma ba ruwansa da abin da allonka ya nuna. Ni wata guda na samu saƙon tara uku a Absher, manhajar gwamnati, duka a titi ɗaya kusa da gidana, inda aka rage gudu ban lura ba. Albashin wata ya tafi rabi. Na shigar da ƙorafi, shiru. Ga mota ba da sunana ba, mai sunan kullum yana kirana kamar na yi sata. Wallahi zaman nan sai haƙuri.

Ɗan Sabil:
Abu Safwan ai gara kai kana da albashi. Mu da muke buga-buga fa?

Ummu Rayyan:
Ni Yaris nake ja tun 2019. Na taɓa sa janti na kasuwa, rawa ta hana ni sakat, aka sa zoben roba a tsakiya aka ɗaure noti da hannu ɗaya bayan ɗaya a gicciye maimakon bindigar iska, ta daina. Don haka maganar zoben gaskiya ce, a kaina ta faru. Amma ni tayata sabuwa ce kuma daidai lambar. Shawarata ka mayar wa mutumin kayansa ya ba ka naka, ko da zai cire wani abu.

Baban Walid:
To gaskiya tsofaffin jantin na bar masa su, da su aka yi cinikin, shi ya sa ya sauko daga 1,400. Na kira shi ɗazu ya ce an riga an saye su, kuma kaya in ya fita ba ya dawowa. Ƙanin maiɗakina ne ya haɗa mu, abokinsa ne, ba na son abin ya zama rigimar surukai ga Hajiya a gida. Ni a ganina mutumin bai cuce ni ba, shi ma ƙila bai sani ba. Yaran kuma ƙanana ne, ɗaya a cinya zai zauna. Abin da nake tunani, in bi ta Alhaji in yi balansin gobe, in sa zoben tunda ba tsada, sannan in mayar da 1419 ɗin baya, 3720 a gaba.

Mai Banshar Hindawiyya:
Kada ka yi haka. In tayar baya ta fashe a guje, gindin mota ne ke juyawa, sitiyari ba ya ceto. Kuma bayan ne ke ɗauke da lodin, nan ne ma take gugar. Hanya biyu ce. Ko ka nemi janti 14 na ƙarfe na Accent, suna nan birjik da araha, ka sa 175/70 R14 sababbi, ka tallata waɗannan a Haraj, dandalin saye da sayarwa, ka rage asara. Ko ka bar jantin in an gwada a inji ba su lanƙwashe ba, ka sa zobe, ka sayi 195/50 R16 huɗu. Ta farkon ta fi sauƙi a aljihu, ta fi laushi ga gwiwar Hajiya, ta fi ƙarancin shan mai. Ka duba kwanan wata kafin ka biya, ka duba inda aka rubuta juriyar zafi ya zama A ko B. Yaro a cinya kuwa, wannan wata magana ce daban.

Alhaji Direba:
Ka ji ko? Ƙarshenta dai sayi sabuwa. Na faɗa tun farko.

Maman Hanifa:
Ko dai ku rabu biyu, Hajiya da ƙanwarka su bi jirgi, ku ku same su can?

Baban Walid:
Hajiya ba za ta yarda ta shiga jirgi ba tare da ni ba, ba ta jin Larabci. Kuɗin da ya rage a hannuna na masauki ne da tsarabarta, in na taɓa shi ban san me zan ce mata ba. Na gode muku duka, Allah ya saka. Zan je a gwada gobe in ga abin da inji zai nuna. Mai banshar, zoben nan da Larabci me zan ce musu, kuma in na sayi biyu kawai sababbi 195/50 na sa a baya, na bar 205 a gaba zuwa ƙarshen wata, zai kai mu Madina?

Ɗan Sabil:
In za ka koma tashlihin nan ka yi min magana mu tafi tare, ina da wanda zan gani a can.