Neman kalma: me za mu kira "medical coding" da Hausa?

Tafinta: Assalamu alaikum. Ina fassara wani bayani kan yadda asibitoci ke rubuta raunukan yaƙi, sai na ci karo da "medical coding". Aikin shi ne a ɗauki abin da likita ya rubuta game da majinyaci a mayar da shi harafi da lambobi, bisa bugu na goma na kundin ICD, wato kundin rarraba cututtuka na Hukumar Lafiya ta Duniya. Misalin da ke gabana Y36.7 ne, wato cutarwar da aka samu a yaƙi da makamai masu guba da sauran "unconventional warfare". "Medical coding" na sa masa "lambar sirri ta cuta", "unconventional warfare" kuma "yaƙin sunƙuru". Me kuka gani?

Likita: Wa alaikumus salam. Malam, cire sirrin nan. Kundin a buɗe yake a intanet, kowa na iya dubawa. An yi shi ne ma domin likita a Iraƙi da takwaransa a Japan su ga abu iri ɗaya su ba shi lamba ɗaya, ta haka a iya ƙidaya. Ni "lambar cuta" kawai zan ce.

Mai kula da bayanan majinyata: Likita, da girmamawa, "cuta" ta yi kaɗan. Y36.7 ba cuta ba ce, sanadi ne. Wanda ya shaƙi iskar kulorin, T59.4 za a rubuta masa, ko tanki ne ya fashe a masana'anta, ko kuwa a fagen daga aka sako masa ita, kamar yadda sojojin Jamus suka yi a Ypres ta Beljiyam a 1915. Huhun da ya ƙone duk ɗaya ne. Lamba ta biyu, wadda ake ɗaukowa daga babi na 20, ita ke faɗin inda abin ya fito. Amurkawa, da suka koma amfani da nasu samfurin kundin a 2015, sun ƙara tsefe shi: Y36.7X0 soja ne, Y36.7X1 farar hula, sannan harafin ƙarshe ya nuna ko jinyar farko ce, ko bibiya, ko illar da ta biyo baya. Waɗanda suka tsira daga harin iskar guba da aka kai garin Halabja na Iraƙi a 1988 kuma har yau suke fama da numfashi da ido, harafin illar da ta biyo baya ne ya dace da su. A samfurin na Amurka, atisayen soja kuwa nasa gidan daban, Y37, ta'addanci Y38, irin iskar gubar sarin da aka saki a jiragen ƙarƙashin ƙasa na Tokyo a 1995. Duk kalmar da za mu zaɓa sai ta ɗauki wannan kaya duka.

Malamin Hausa: Hajiya ta gama magana. To ga "larura", tana ɗaukar ciwo da rauni da guba. A ce "lambar larura" ga ta farko, "lambar sanadi" ga ta biyu. Aikin kuma mu ƙera masa fi'ili, "lambanta", kamar yadda muke da "alamta" daga alama.

Likita: Lambanta? Allah ya gafarta malam, ba na jin akwai ma'aikacin asibitin da zai furta ta sau biyu. "Sanya lambar larura" ta fi sauƙi a baki.

Malamin Hausa: Na yarda, ba zan ja ba. Amma "yaƙin sunƙuru" ba zai shiga ba sam. Sunƙuru dabara ce, kwanton ɓauna da sari ka noƙe, ko da bindiga ake yi. Wannan lambar kuwa a kan irin makamin take magana.

Tafinta: "Makaman ƙare dangi" fa? Kunnen masu sauraro ya saba da ita.

Mai kula da bayanan majinyata: Ta yi faɗi ta wani gefen, ta yi ƙunci ta wani. Nukiliya na da tata lambar, Y36.5, makaman ƙwayoyin cuta Y36.6. A ƙarƙashin Y36.7 kuma, ban da iskar gas da hayaƙi da sinadarai, har hasken leza an lissafa, shi kuwa makanta mutum yake yi, ba ya ƙarar da dangi.

Tafinta: Saura "makaman da ba na al'ada ba", wadda na gani a wasu fassarori.

Malamin Hausa: Ita ce ma mafi muni. Ka ce wa Bahaushe "makaman al'ada", kwari da baka da takobi zai hango. Ke nan tankar yaƙi ma ta zama "ba ta al'ada ba". Rubuta "makamai masu guba da sauran makaman da ba a saba yaƙi da su ba". Tana da tsawo, amma babu wanda zai ɓata.

Tafinta: Na gode, haka zan sa, tare da "sanya lambar larura" da "lambar sanadi". Shi ma'aikacin kuma?

Mai kula da bayanan majinyata: "Mai sanya lambar larura". Kada dai ka rage ta zuwa "lambar asibiti", za a ɗauka lambar katin majinyaci kake nufi.