Tunda kuɗina na biya, ba ni da ikon likita ya faɗa min me ke damun Inna?

Ɗan Gujungu:
Slm ƴan uwa, dan Allah shawara nake nema, abin ya tsaya min a rai tun satin da ya wuce. Innarmu ce ta daɗe tana fama da ciwon kai da jiri, ga ƙafa tana kumbura, mun yi ta zaryar kemis a nan ƙauye ba sauƙi, ƙarshe na sayar da buhun riɗi da akuya ɗaya muka hau mota sai Kano, wani asibitin kuɗi da aka yi mana kwatance. Kati 5,000, gwaje-gwaje 18,000, tun hantsi muke zaune sai bayan la'asar aka kira mu. Wlh likitan ko ɗaga kai bai yi ya kalli fuskarta ba, ya ce mene ne, tana cikin faɗa ya yage takarda ya miƙo min wai a je famasi. Na ce likita dan Allah me ke damunta? Sai ya ce "kai ne likitan ko ni?" Na yi shiru dan Inna tana ta zungurata wai kar na ja magana. Magani kala 4 muka saya a wajensu 21,000, har yau ban san sunan ciwon ba, ban san in ya ƙare a daina ko a ƙaro ba.

Ni ɗan kasuwa ne, mai sayen riɗi sai ya zura hannu a buhu ya ɗebo ya duba ya taya, in bai yi masa ba ya yi gaba. To mu da muka biya kuɗi a asibiti ba kwastomomi ba ne? Ko rashin kunya na yi da na tambaya?

Mai Hatsi Dawanau:
Ba wata rashin kunya, kuɗinka ka biya ba sadaka aka ba ka ba. Mu ne muka ɓata su da ranka ya daɗe, mutum ya sai da akuyarsa kuma ya dinga rawar jiki a gabansu. Ni yanzu in na shiga asibitin kuɗi faɗa musu nake abin da nake so, a saka min ruwa a yi min allura na tafi harkata, in sun ƙi na canza wani, ai sun yi yawa a gari.

Malamin Sha-ka-tafi:
Ɗan Gujungu Allah ya ba Inna lafiya. Abin da likitan nan ya yi maka bai kyauta ba, ba zan kare shi ba ko da yake aikinmu ɗaya, ni ƙaramin ma'aikacin lafiya ne a wani ƙauye ta wajen Ringim shekara 11 kenan. Ba a sallamar mutum bai san ciwonsa ba, don maganin ma ba zai sha shi daidai ba.

Amma Alhaji Mai Hatsi maganarka ce ta sa na kasa yin shiru, don ita ce take kashe mana mutane a ƙauye. Riɗi in ka ɗebo ka san mai kyau ka san mai ƙasa, idonka ya isa. Mara lafiya bai san kayan da yake saye ba, in da ya sani ai ba zai zo ba. To ranar da ma'aikacin lafiya ya fara kallonka a matsayin kwastoma abin da zai faranta maka zai ba ka, ba abin da zai warkar da kai ba. Kullum ina ganin wannan, mutum ya zo da zazzaɓi na yi masa gwajin maleriya na tsinke, minti 15 zuwa 20 ya nuna babu, na ce gajiya ce da mura ka sha farasitamol ka huta, sai ya fita yana cewa malamin nan bai iya aiki ba ko allura bai yi min ba. Ya tafi kemis ɗin bakin tasha a rataya masa leda biyu ta ruwa a jikin ƙusa a zuba wata allura mai launin ɗorawa a ciki, ya biya 12,000 yana godiya. Ruwan nan a jikin mai ciwon zuciya ko ƙoda yana iya taruwa a huhu numfashi ya gagara, na taɓa tura wani dattijo babban asibiti cikin dare a bayan a-kori-kura saboda haka, kuma kuɗinsa ya sa ya sayo wa kansa. Haka "taifot da maleriya" da ake rubuta wa kowa, gwajin nan na Widal shi kaɗai ba ya tabbatar da taifot, amma da yake an san mutane suna son a ambaci sunan ciwo a haɗa musu kaya da yawa sai a ba su, a ɗirka musu antibayotik ba dalili, gobe in ciwon gaske ya zo maganin ya daina ji.

Idan ɓera da sata daddawa ma da wari. Mu ma'aikata muna da laifin gajen haƙuri, wani lokacin kai kaɗai ne da layin mutum 60 ba ka karya ba, amma wannan ba hujjar wulaƙanta tsohuwa ba ce. Su ma majinyata sai an sha jiƙe-jiƙe wata biyu a zo a ce jiya ya fara, alhali ranar wanka ba a ɓoyon cibi.

Ka kwaso magungunan nan da kwalayensu da takardun gwajin ka kai asibitin da ya fi kusa da ku a auna jininta. Kar ta daina sha kafin nan.

Abu Hanif Dutse:
Ƙari a kan bayanin Malam, abin ba alfarma ba ne, doka ce. Dokar lafiya ta ƙasa ta 2014 sashe na 23 ya wajabta wa ma'aikacin lafiya ya sanar da majinyaci halin da yake ciki, da hanyoyin magani da ake da su, da amfaninsu da haɗarinsu da kuɗinsu, har da ikonsa na ya ce ba ya so, kuma a yi masa da harshen da yake ji. Sashe na 20 ya hana a ƙi karɓar wanda aka kawo rai a hannun Allah, wanda ya ƙi tarar naira 100,000 ce ko ɗaurin da bai wuce wata 6 ba ko duka biyun. A 2018 kuma mataimakin shugaban ƙasa na lokacin Osinbajo ya ƙaddamar da kundin haƙƙoƙin majinyata guda 12, kuma abin lura hukumar kare haƙƙin masu saye ce ta tsara shi, wadda yanzu ake kira FCCPC, ka ga ta wannan fuskar gwamnati ma ta yarda kai mai saye ne, kana da ikon a warware maka bil dalla-dalla a ba ka rasit. Ƙorafi kan asibitin kuɗi a Kano akwai hukumar PHIMA, kan shi likitan kansa kuma MDCN ce mai ba shi lasisi.

Abu ɗaya dai, haƙƙin na Inna ne ba naka ba, ciwonta sirrinta ne. In kun koma ta buɗe baki da kanta ta ce a yi bayani a gaban ɗana.

Ummu Khadija:
Hmm Yaya Abu wannan "ta buɗe baki da kanta" ɗin shi ne aikin ai. Ku maza ba za ku gane ba. Mace ta taso an koya mata ba a haɗa ido da babba, ta je gaban namiji baƙo da farar riga, ga mijinta ko ƙanin miji a tsaye a kanta shi ne mai biyan kuɗin shi ne mai amsa tambaya, ta yaya za ta ce jini take gani ko fitsari ne yake zubo mata? Sai ta ce ciwon ciki kawai. Ni lokacin cikina na uku na je awo sau biyu ban faɗi abin da ke damuna ba, sai da wata nas, Allah ya saka mata da alheri, ta ce wa maigidan ya ɗan jira a waje, ta ja kujera ta zauna kusa da ni ta ce ƙanwata faɗa min, a nan na fashe da kuka na faɗa. Ko sisi ban ƙara mata ba, asibitin gwamnati ne ma. Shi ya sa in ana maganar kwastoma sai na ce to wane ne kwastoman, mai ciwon ko mai kuɗin? Don a gidajenmu ba mutum ɗaya ba ne. Ku je Jahun ku ga matan da ake yi wa aikin yoyon fitsari, da yawa naƙuda ce ta daɗe a gida ana jiran wanda zai ba da izini da kuɗin mota.

Baba Na Gaya:
Yara ku ji. Mu da muka ga shekarar sanƙarau ta 1996 mun san abin da rashin bayani yake haifarwa. A Asibitin Zana kamfanin Pfizer ya yi gwajin maganin Trovan da yara kusan 200, 11 suka rasu, iyaye suka ce ba a faɗa musu gwaji ake yi ba, kamfanin ya musanta, aka yi ta shari'a sai 2009 aka sasanta da gwamnatin Kano a kan dala miliyan 75. Da aka zo 2003 mutane suka ƙi rigakafin shan inna, wannan tabon yana cikin abin da suke tunawa, yara da yawa suka shanye a banza. Likita amana aka ba shi, mutum ya tuɓe a gabansa ya haɗiyi abin da bai sani ba don ya yarda da shi. Ɗana ka koma ka tambaya cikin ladabi, matambayi ba ya ɓata.

Ɗan Gujungu:
Ngd sosai Allah ya bar zumunci. Malam na bi shawararka yau da safe na kai ta asibitin cikin gari da ledar maganin gaba ɗaya, aka auna 170 bisa 100, ashe hawan jini ne, biyu daga cikin magungunan na hawan jinin ne kuma wai ba a dainawa ko ta ji sauƙi, ta rage gishiri da magi. Wlh saura kwana 3 ya ƙare kuma da niyyata in ya ƙare shikenan. Sun ce kumburin ƙafar sai likita ya sake duba takardar gwajin ƙodar, sun rubuta mana takarda zuwa babban asibiti ranar Talata. Na ce wa Inna wannan karon ita za ta yi magana, ta ce to amma na tsaya kusa da ita. Yaya Abu tunda maganin na kullum ne aljihuna ba zai ɗauka ba, wannan tsarin taimakekeniyar lafiya na jihar Jigawa, JICHMA, mu ƴan kasuwa za mu iya yi wa tsofaffinmu rajista ko sai ma'aikatan gwamnati? In ana yi a ina zan fara, a sakateriyar ƙaramar hukuma ko sai na zo Dutse?